Barandar da Ke Kan Gilashi

Zuwa ga Innata,

Bayan gaisuwa mai yawa, yaya ƙafar? Ina fata kina shan maganin, ba tura shi kike yi ƙarƙashin matashi ba.

Kin tambayi wane irin aiki ne wannan da har na jawo miki Auta cikinsa. Zane nake yi a kan gilashi, Inna. A kafa gilashin a gaban kyamara, in zana abin da babu, gini ko dutse, in bar gurbin da ɗan wasa zai fito. Mai kallon fim sai ya rantse ginin gaske ne.

Wannan karon baranda na zana, mai faɗi, a saman bene. A zahiri katako ne guda aka ɗora kan ƙarafa, can sama, ya fi rufin ɗakinki tsawo. Nan Auta zai tsaya. Shi ko a jikinsa, sai gyaran gashin baki yake ta yi. Ni ce hankalina ya ƙi kwanciya, don Darakta ba ya ɗaga kai ya dubi katakon, ta kyamara kaɗai yake kallon duniya. Na roƙi a shimfiɗa katifu a ƙasa, ya ce an kai su wani wurin, kuma ai barandar da faɗinta. Na ɗauka wasa yake yi, amma bai yi dariya ba.

Ki sa mu a addu'a.

'Yarki, Mai Fenti

Inna,

Ina gaishe ki, Allah ya sa ki karanta wannan a zaune.

Yau da hantsi aka ɗauki wannan fitowar. Auta ya hau, ya faɗi maganarsa tsaf. Darakta, idonsa na kan kyamara, ya ce ya ƙara ja da baya, akwai wuri. Kin san ɗanki, ba ya yi wa na gaba musu. Na buɗe baki, amma ƙafarsa ta riga ihuna.

A kyamara ba a ga faɗuwarsa ba. Fentina ya rufe shi, sai ka ce sunkuyawa ya yi bayan bangon barandar. Darakta har ya fara tafi kafin ya ji ƙarar.

Muna asibiti. Yana numfashi, amma bai buɗe ido ba, likitan kuma ya ƙi haɗa ido da ni. Tsoro nake ji, Inna. Ki taho yau, kada ki tsaya haɗa kaya.

'Yarki