Kwat a Buɗe

Litinin, 4 ga Oktoba, 2004
Ka yi haƙuri, littafi. Don darasin tarihi aka saye ka, ga ni zan ɓata ka da surutu. Ni ba kowa ba ce da zan rubuta abin da ke faruwa a gidan ɗan sanda. Mama ta sha faɗa cewa maganar gidanmu ko baranda ba ta fita. Amma kai ba baranda ba ne. Sunana Filiz, ina aji biyu na babbar sakandare a nan Mersin. Kaɗan zan riƙa rubutawa.

Laraba, 6 ga Oktoba
Baba ya dawo da wani kati kamar tafin hannu. Sabon tsari ne, wai duk wanda suka kama sai sun karanta masa. Ya jefa shi kusa da kofin shayi.

"Shekara goma sha tara ina aikin nan, yanzu ni zan riƙa gaida ɓarawo. Saura a ce mu kai masa shayi."

Mama ta ce, "Da sukari biyu."

Ya ce duk don Turawa su buɗe mana ƙofar ƙungiyarsu ne. Duk da haka ya ce in riƙe katin ya yi hadda, don za a tambaye su. Kana da damar yin shiru. Kana da damar ganin lauya. Za a sanar da wani naka inda kake, nan take. Sau shida yana tsallake layi na uku. Ni na riga shi haddacewa, ban nuna ba.

Asabar, 9 ga Oktoba
Ogansu ya bugo waya. Baba ya miƙe tsaye, ya ɓalla maɓallin kwat, sannan ya ce, "Na'am, yallaɓai." Ta waya fa. Mu ma haka muke yi in shugaban makaranta ya shigo aji. Gaban hukuma ba a tsayawa da kwat a buɗe. Yau ne kawai abin ya so ya ba ni dariya.

Alhamis, 14 ga Oktoba
Gobe azumi. Zelal, wadda muke benci ɗaya, ta kawo mini lemo daga wurin aikin yayarta Rojda. Zelal ce kaɗai ƙawata. Tun farkon shekara da ta tambayi aikin Baba na ce ma'aikacin gwamnati ne. Ba ƙarya ba ce.

Yau ta ba ni labarin ƙanin babanta. Shekara goma da suka wuce aka zo aka tafi da shi a ƙauyensu can gabas. Duk caji ofis ɗin da suka je amsa ɗaya ce: ba ya wurinmu. Har yau kakarta na goge takalmansa ranar Juma'a.

Na ce Allah ya kyauta. Shi ke nan abin da na ce.

Litinin, 25 ga Oktoba
Wurin buɗa baki Baba ya ce wa Mama suna da mata goma sha ɗaya a ɗakin ƙasa, daga masana'antar tattara lemo. Taro suka yi a bakin ƙofa kan tsawon awannin aiki. Oga ya ce a bar su su huce tukuna kafin a rubuta sunayensu.

Na ce, "Katin fa?"

Ya ce, "Sha miyarki."

Talata, 26 ga Oktoba
Zelal ta zo idonta a kumbure. Rojda ba ta kwana gida ba. Babansu ya je caji ofis uku, har da na unguwarmu. Ba ta wurinmu.

Na san inda take. Na zauna gefenta darasi shida ina kofe rubutun allo.

Laraba, 27 ga Oktoba
Zan rubuta a jere.

Lokacin tara na ja Zelal bayan ɗakin gwaje-gwaje na faɗa mata duka. Cewa Baba ɗan sanda ne, da abin da na ji. Ta daɗe tana kallona.

"Lemo nawa kika sha a hannuna?"

Ta ce, "Bayan an tashi za ki biyo mu."

Babanta, Baffa Shehmus, yana jira a bakin titi. Gajere ne, kwat ɗinsa ta tsufa, maɓallinta ya fita. Da muka hau matakalar caji ofis sai ya haɗa gaban kwat ɗin ya riƙe da hannu, ya ɗan rusuna, haka ya shiga.

Kawu Turgut ne a kan teburi, abokin Baba, wanda ke zuwa gidanmu kallon ƙwallo.

"Dattijo, kai ne kuma? Jiya da wane yare na faɗa maka? Ba ta wurinmu. Duba gidan saurayinta."

Baffa Shehmus ya ce, "Allah ya ja zamanin gwamnati, yallaɓai. A dai ƙara dubawa."

Sai Kawu Turgut ya hango ni. "A'a, 'yar Rustem. Me ya kawo ki? Babanki ya manta carbinsa?"

Ni da ko a aji ba na ɗaga hannu. Ban san yadda aka yi ba, na ji bakina yana karanto katin. Layi na ɗaya, na biyu. Da na zo na uku na maimaita shi sau biyu, muryata kamar ta akuya. Za a sanar da wani naka inda kake, nan take. Na ce, "Ga wani nata nan a tsaye."

Wani a baya ya yi dariya. Kawu Turgut bai yi ba. Ya aika a kira Baba.

Baba ya fito, ya dube ni, ya dubi hannun Baffa Shehmus a kan kwat.

"Wa ya koya miki wannan?"

"Kai, Baba."

Ya yi tsaye. Sai ya jawo babban littafin rajista daga gaban Kawu Turgut, ya zaro biro.

Kawu Turgut ya ce a hankali, "Rustem, oga fa."

"Ogan ne ya raba mana katin da hannunsa." Baba ya juya wurin Baffa Shehmus. "Malam, sunan 'yarka?"

Ya rubuta suna, ya duba agogo ya rubuta lokaci. Ya ce, "Tana wurinmu. Lafiyarta lau. Za a kira mata lauya." Ni kuma ya ce, "Wuce gida."

Sai a mota na lura kwat ɗina ta makaranta a buɗe take tun daga farko.

Juma'a, 29 ga Oktoba
Ranar Jamhuriya, ba makaranta. An saki matan jiya da yamma. Tutoci a kowace baranda. Baba bai yi mini magana ba.

Talata, 2 ga Nuwamba
An ɗauke Baba daga ofis an mayar da shi tsaron hanya, bakin tashar motoci. Ba wanda ya ce hukunci ne. Mama ta ce, "Kin ji daɗi? Mutum mai ciwon gwiwa, da azumi a bakinsa." Na wanke kwanuka, na sake wanke su.

Zelal ta koma bencin baya. Ta ce hannun Rojda duk shati ne, har likita ya rubuta. "Babanki ya ce lafiyarta lau." Ban san wa ya yi ba. Ban tambayi Baba ba. Ina tsoron amsar, ko wace iri ce.

Lahadi, 14 ga Nuwamba
Sallah. Na sumbaci hannun Baba na kai goshina. Ya riƙe kaina ya ɗan daɗe. Ya ce wa Mama, "Zuba wa lauya alewa." Maganarsa ta farko ke nan a kaina. Katin na nan a aljihun rigarsa, gefensa ya fara lanƙwashewa.

Alhamis, 18 ga Nuwamba
Na tarar da lemo ɗaya a cikin teburina. Zelal tana bencin baya, ba ta kalle ni ba. Ban ɓare shi ba tukuna.

Shugaban makaranta ya shigo ana darasin tarihi, kowa ya miƙe ana ta ɓalla maɓalli. Na miƙe. Hannuna ya kai kan maɓallin, sai kuma ya sauka. Zafi ake yi, ina jin shi ya sa.

Akwai tambayar hannun Rojda. Na yanke zan yi wa Baba ita ranar Asabar, bayan ya sha shayi. Littafi, in ka yarda, a ba ni izini in rubuta amsar a nan, ko da ba mai daɗi ba ce. Na dai riga na sa kwanan watan a saman shafin.