Saƙon Zaɓe Ya Shiga Wayar Mamaci

Malama Sailuba, ki taimake ni da shawara, zuciyata ta yi nauyi. Ban yi boko ba, faɗa nake ana rubuta mini.

Shekarata goma sha tara ina zaune a garin Woodbridge, nan ƙasar waje. 'Yata Juwairiyya ce ta fito takarar kujera a hukumar makarantun yankinmu. Ni kuwa tsohuwar wayata mai maɓallai, babu mutuminmu daga nan har Landover da lambarsa ba ta ciki. Ba na karanta suna, amma na san mazaunin kowa: in na danna ƙasa sau bakwai Auwalu ne, sau takwas Baharudeen mai shago. Kullum bayan azahar nakan kira mutum biyar, mu gaisa, in tambayi iyali, sannan in ce kada a manta da 'yar gida.

Sai Juwairiyya ta ce wannan tafiyar hawainiya ce. Ta karɓi wayar, ita da 'yan kamfen ɗinta suka kwashe lambobin, suka aika wa kowa saƙo ɗaya. To Malama, ni ba na goge wanda ya rasu. Su goma sha ɗaya ne a ciki. Ɗaya aminina Zulkifilu da muka binne bara. Matarsa Hajiya Awawu, can Beltsville, har yau tana yi wa wayarsa caji. Saƙo ya shiga da sunansa, wai ya fito ranar Talata ya jefa ƙuri'a. Tun ranar ba ta ɗaga kirana ba.

Juwairiyya ta yi kuka, ta ce in goge su. Na ƙi. Mun binne su a ƙasar da ba tasu ba, sai kuma in sake binne su da ɗan yatsana? Yau kwana tara ba mu ci abinci tare ba.

Tsoho mai taurin kai

Baba, Allah ya jiƙan Alhaji Zulkifilu da sauran goman. Kada ka goge kowa. Amma laifin nan naku ne ku biyu: ita ta yi gaggawa, kai kuma ka miƙa waya ba ka ce akwai mamata a ciki ba, alhali kai kaɗai ka sani.

Ka zaunar da Juwairiyya ka faɗa mata sunayensu ɗaya bayan ɗaya, da ko su wane ne, ta cire su daga jerin kamfen ɗinta. Wayarka a bar ta yadda take. Gidajen sauran mamatan ma suna da haƙƙin jin muryarka.

Hajiya Awawu kuwa ba ta waya ake ba ta haƙuri ba. Ku taka ku je tare, kada wanda ya ambaci ƙuri'a. In ta yi shiru, ku zauna ku taya ta shirun.

Allah ya sanyaya zukata, ya ƙara maka lafiya da nisan kwana.