Ka Dawo Min da Guntayen Malam

Zuwa ga ƙanena Sani, a duk inda kake.

Assalamu alaikum. Bayan gaisuwa, ina fatan kana lafiya. Tunda ka bar New York ba ka bar adireshi ba, na sa wasiƙar nan inda kowa zai karanta. Kai ma ka ji yadda abin yake.

Ka tuna ranar sunan 'yata Hadiza a gidanmu na unguwar Highbridge? Kai ka ɗauki Malam da 'yar kyamararka, yana rabon goro, yana dariya, hula a karkace. Faifan nan kaɗai ya rage min inda mijina yake motsi. Ina cikin takaba ka zo ka ce, "Yaya, kawo in gyara miki." Na miƙa maka, ko tambaya ban yi ba. Yau shekara uku.

Asabar ɗin da ta wuce na je wani ɗakin ƙarƙashin ƙasa inda ake nuna fim ɗinka. Wai hoton rayuwar Amurka ta yau da kullum, guntayen finafinai an yanka an liƙa. Na ga tallar sabulu, na ga sojoji a Vietnam, na ga wata Baturiya rungume da injin wanki. Sai ga Malam. Ya miƙa hannu da goro, nan ka sa almakashi, ka liƙa wani kare yana cafe biskit. Ɗakin ya kwashe da dariya, ni ina tsakiyarsu.

Kada ka ce ban gane fasaha ba, ni na koya maka karatu. Nufinka ƙasar nan komai ta samu haɗiyewa take. Gaskiya ne. Amma su da suka yi dariya ba su san sunansa ba. Kai ne ya tarba a filin jirgi, ya cire rigar sanyinsa ya yafa maka.

Na tambayi mai majigin ina ragowar faifan. Ya ce masu irin aikinku a kwandon shara suke zubarwa.

Sani, Hadiza ta fara tambayata yadda babanta yake tafiya. Ba haƙuri nake so ka ba ni ba. Ni na goya ka, na san tun kana yaro ko guntun igiya ba ka yarwa. In guntayen suna cikin wani kwali, ka aiko, ko ba a jere ba. Ni zan liƙa, ai na ga yadda ake yi.

Allah ya jiƙan Malam. Allah ya tsare ka, ya sa wannan karon ban yi kuskuren yarda da kai ba.

Yayarka,
Binta