Ƙwaryar da Ke Rataye a Gindin Kwakwa

Assalamu alaikum Yaya Hadiza,

Ina gaisuwa da fatan kina lafiya, ke da maigidanki da yara. Yaya ciwon ƙafar Inna? Yaya zafin Sakkwato?

Yaya, tun ranar Asabar ban ƙara buɗe littafin soyayya ba. Ƙungiyar su maigida ta teloli ce ta ɗauki mota da ɗan jagora, aka kai mu yawon buɗe ido duwatsun Eggon. Na ci ado ina murna, ga kore ko'ina, ga shi kusa da ni, na ce yau ni ce matar cikin littafi.

Sai jagoran ya tsayar da mu a gonar kwakwa, mu ga yadda ake tatsar bammi. Ashe a can duk mai zuwa sha kullum yana da ƙwaryarsa a rataye. Tsohon da ke sayar da bammin yana ganin maigida ya washe baki, ya sauko da wata ya ɗauraye, ya ce, "Oga Tela! Yau ka kawo madam? Ga taka."

Bai karɓa ba, bai kuma iya kallona ba. Ashe nan ne "kai ɗinki Akwanga" da yake ce mini yana zuwa kowane mako. Haka muka dawo gidanmu a garin Azuba.

Ki gaida Inna, amma kada ki faɗa mata. Ki sa ni a addu'a. Ba zan dawo gida Sakkwato ba. Ranar Juma'a zan tafi garin Obi in faɗa wa mahaifiyarsa.

Ƙanwarki,
Rukayya