Guntayen da Baba Ya Zubar

Morelia, Maris 1984

Baba,

Ina gaishe ka, kai da ɗakinka mai duhu. Mama tana cin abinci, amma mantuwar sai ƙaruwa take. Jiya ta tambaye ni ko ni ce sabuwar 'yar aiki. Likita ya ce a riƙa nuna mata fuskokin da ta sani. Na ba direban bas ya kawo maka duk fina-finan gida da Kawu Nacho ya ɗauke mu tun ina goye. Ka tsufa kana tace fim ɗin mutane, kana yankewa kana haɗawa, yau ka haɗa mana namu. Da za ka kawo da kanka, da ya fi.

'Yarka, Leonor

Birnin Mexico, Afrilu

Leonor 'yata,

Allah ya yi miki albarka. Ga shi nan, na haɗa. Kawunki, Allah ya ji ƙansa, yana riƙe kyamara kamar mai tankaɗe gari, amma na fitar da abin kirki. Na cire duk abin da ke jan labari baya. Ki lura da wurin da uwarki ta juyo a bakin tafki, ban taɓa yin yanka mai kyau irinsa ba. Daraktan da nake wa aiki ya riƙe mini wuya, sai mun gama zan taho.

Mahaifinki, Eusebio

Morelia, Mayu

Baba,

Gaisuwa. Kullum da yamma muna kunna majigi a bangon falo. Mama tana nuna kowa da yatsa tana kiran suna, har karenmu da ya mutu. Kwana biyu ina jin wani abu bai yi daidai ba, sai da Goggo Chela ta ce, "Wai ina gogan naku? Ko a hoton ma yana wajen aiki?"

Baba, babu kai ko sau ɗaya. Ranar baftismata hannunka kawai aka gani. Jiya Mama ta dubi hoton aurenku ta ce, "Wane ne wannan dogon?" Raina ya ɓaci ƙwarai. Ka mayar da abin da ka yanke, ka aiko da sauri.

Leonor

Birnin Mexico, Mayu

'Yata,

Na karɓi wasiƙarki, na kasa cin abinci. Wallahi ban lura ba. Duk inda na fito, ko ina duba agogo, ko ina shirin fita, ko na tare wa uwarki haske. Hannuna ya yanke kamar yadda ya saba. A sana'armu, in aka ga mai tacewa, aiki ya ɓaci.

Guntayen kuwa a kwando na zuba su, mai shara ta kwashe tun makon da na aiko. Na bi har juji, ban samu komai ba. Baƙin cikin ya fi ƙarfina. Na ajiye wa darakta almakashinsa, zan hau bas ɗin Asabar. Ki gaishe mini da uwarki Amparo.

Mahaifinki

Morelia, Yuni

Goggo Chela,

Ina gaisuwa. Baba ya iso, kullum yana zaune kusa da ita suna kallo. Ba ta gane shi ba. Jiya na ce mata shi ne ya haɗa fim ɗin. Ta kama hannunsa ta ce, "Sannu da aiki, bawan Allah. Ba ka bar kowa a baya ba."

Baba ya ce, "Na gode, ranki ya daɗe."

Taki, Leonor