Shuɗin Kwanon Mama

Anti Maxine,

Don Allah ki taimake ni. Ban taɓa rubuta wa jarida ba, kuma abin da zan faɗa miki ban faɗa wa kowa ba, ko Fasto, ko ƙawata da muke zama tare a motar makaranta. Miyar dangwalen nan da ake ta yabon mahaifiyata a kanta duk shekarar nan, ba ita take yi ba. Ni nake yi. Wata takwas ke nan rabon Mama da kicin.

Shekarata goma sha uku, ni kaɗai iyayena suka haifa. Babana ya rasu a watan Maris a gonar da yake aiki, inda ake noman hosradish, wata saiwa mai yaji, zuciyarsa ce ta tsaya yana kan tarakta. Bayan an binne shi mutane sun yi sati biyu suna kawo mana abinci. Da suka daina zuwa sai Mama ta ja labule ta kwanta. Ina kai mata shayi da gasasshen burodi, ta gutsira sau biyu ta ture. Ni nake wanki, ni nake dafa taliya da ƙwai, ni nake ɗaukar waya in ce tana wanka ko ta ɗan fita. Gidanmu yana can ƙarshen hanya bayan gonaki, ba mai wucewa sai mai kawo wasiƙu. Wata rana ta riƙe hannuna da ƙarfi ta ce, "Ki rantse ba za ki faɗa wa kowa ba. In suka sani, asibiti za su rufe ni, ke kuma su ba da ke ga mutanen da ba ki sani ba." Na rantse.

Kin san yadda cocinmu yake, kowace mace da abincin da aka san ta da shi. Na Mama shi ne dangwalen naman alade da hosradish, a wani shuɗin kwano mai salatif a gindi an rubuta sunanta, Darlene. In aka yi taro ba a ga kwanon a tebur ba, za a fara tambaya. Shi ya sa nake tabbatarwa an gan shi. Na iya, don tun ina ƙarama ni nake marmasa mata naman. Ana soya siraran yankan har su yi ƙarau, a tsane man a takarda, a bari su huce. A buga cuku mai laushi da kirim mai tsami har su haɗe, a zuba naman da yankakken ganyen albasa, sannan a sa gogaggiyar saiwar, a bar shi a firij ya kama jikinsa. Saiwar kuwa Baba ne yake gogawa a matakalar bayan gida, ya ɗura a ƙananan kwalabe ya jera a firiza. Kwalba uku ya bari. Ta farko na yi amfani da ita a bikin gama makarantar ɗiyar gwaggona, ta biyu a cin abincin coci na Yuli, ta uku a baftismar wani jariri a Satumba. Kowane lokaci in ajiye kwanon in ce Mama tana ciwon kai, tana gaishe ku. Sai su ce, "Allah sarki, makoki ne, a bar ta ta huta. Amma hannunta yana nan yadda yake." Murfin kwalbar ƙarshe yana da rubutun Baba, yana cikin aljihun rigar sanyina.

Ranar Asabar da ta wuce aka yi walimar gama haƙar saiwa a zauren coci, ga shi ba sauran kwalba. Na haƙo saiwa ɗaya a bayan gida, na fere, na yayyanka, na zuba a injin markaɗe. A cikin kicin na yi, taga a rufe, don kada mai kawo wasiƙu ya gan ni a waje ya yi tambaya. Ina buɗe murfin sai yajin ya buge ni a fuska. Na kasa numfashi, idona ya rufe, na firgita, na laluba kwalbar ruwan kal, wato ruwan tsamin nan na biniga, na antaya a ciki nan take don yajin ya daina. Na tuna Baba yakan tsaya yana duba agogonsa kafin ya zuba, amma na ɗauka hutawa kawai yake yi.

A wajen walimar, Kawu Virgil, mijin gwaggona, ya dangwala biskit ya kai baki, sai ya ɗaga murya: "Wannan na jarirai ne? Ko atishawa ban yi ba! Ina Darlene mai sa ƙatti kuka?" Aka yi ta dariya. Gwaggo Verna, yayar babana, ba ta yi ba. Ta ɗanɗana, ta daɗe tana taunawa, ta kalli inda man soye ya ƙona ni a wuyan hannu. Sai ta sunkuyo kusa da kunnena ta ce, "Minti uku ake jira kafin a zuba ruwan kal, 'yar nan. Uwarki ta san haka tun kafin a haife ki." Da aka tashi na je ɗaukar kwanon, na tarar ta riga ta sa shi a kwandonta. Ta ce, "Ni zan kawo shi ranar Lahadi bayan coci. Ki ce wa Darlene ta dafa kofi." Kin kuma san a nan ba a mayar da kwano babu komai a ciki, ba a ajiye shi a bakin ƙofa. Mai shi ake ba wa hannu da hannu.

Da na faɗa wa Mama sai ta juya ta fuskanci bango. Ta ce in ce mura take yi, in karɓa a ƙofa kada in bar ta ta shigo. Can kuma ta ce da ita ce ta mutu maimakon Baba da kowa ya huta. Ba wannan ne karo na farko da ta faɗi haka ba. Bindigar farautar Baba tana nan a kabad ɗin ɗakinta, ina ganinta duk sanda na je ɗaukar kayan wanki.

Gwaggo tana da kaifin baki, kuma ba sa shiri da Mama. Ranar jana'iza ma na ji tana cewa maiƙon da Mama take ba shi ne ya kashe ƙanenta. Ina tsoron ta shigo ta yi wa Mama faɗa. Ina tsoron a ɗauke ni. Idan an sani ta dalilina, na ci amanar mahaifiyata ke nan? Ni dai na gaji, ina barci a aji.

Na riga na yanke abin da zan yi. Ba zan ce komai ba, tunda na rantse. Amma ranar Lahadi ba zan share falo ba, ba zan ɓoye kwanukan da ke ɗakin Mama ba. In Gwaggo ta ƙwanƙwasa, zan buɗe ƙofa in matsa gefe.

Mai shuɗin kwano

*

'Yata,

Wasiƙarki ta iso ranar Laraba, na ajiye duk sauran na sa taki gaba. Na sauya sunaye da wasu abubuwa kafin a buga, don haka ki kwantar da hankalinki.

Ba ki ci amanar kowa ba. Mahaifiyarki ba muguwa ba ce, ba kuma raguwa ba ce. Ba ta da lafiya. Baƙin ciki yakan wuce makoki ya zama ciwo, likitoci sun san shi, suna da maganinsa, mutane da yawa sun tashi daga irin wannan kwanciya. Rantsuwar da ta sa ki yi, ciwon ne ya sa ta nema, kuma ba a ɗora wa yarinya mai shekara goma sha uku alkawarin da zai iya cin ran uwarta. Wannan rantsuwa ba ta kanki.

Tsoronta ba na banza ba ne, ba zan ruɗe ki ba. Mai yiwuwa a kwantar da ita a asibiti na wasu kwanaki ko makonni, ke kuma ki zauna a wani gida kafin ta dawo. Abin da aka saba shi ne a fara duba dangi na kusa, kuma kina da su. Za ta yi fushi da ke, wataƙila ta ƙi yi miki magana na ɗan lokaci. Zai yi ciwo. Amma uwa mai fushi da ke tana nan da ranta, ita muke so.

Shawarar da kika yanke ta nuna ƙarfin zuciya, sai dai ba ta isa ba. Mai irin wannan ciwo yakan iya tattara ƙarfinsa na minti goma, ya taje kai, ya yi murmushi, baƙo ya tafi yana cewa da sauƙi. Falo mai datti ba zai gaya wa gwaggonki abubuwa biyun da suka fi komai muhimmanci ba: maganar da mahaifiyarki take yi a kan mutuwa, da bindigar da ke cikin kabad. Waɗannan da bakinki za ki faɗe su, kuma kada ki jira Lahadi. Yau ki je wurin nas ɗin makaranta, ko ki buga wa gwaggonki waya. In maganar ta maƙale miki, ki yanke wannan shafi ki miƙa, ki ce ke kika rubuto wasiƙar. Bindigar kada ki taɓa ta, Kawu Virgil ya zo ya ɗauke ta daga gidan yau ɗin nan. In mahaifiyarki ta nufi kabad ɗin, ko kika tashe ta ta ƙi tashi, ki kira lambar gaggawa nan take, ba sai kin nemi izinin kowa ba.

Game da gwaggonki, maganar da ta yi a jana'iza ba ta da daɗi, ba zan wanke ta ba. Amma ki duba abin da ta yi ranar Asabar. Ta gane a gaban jama'a, ba ta tona ki ba, a kunne ta faɗa miki. Ta ɗauke kwanon ne don ta sami hanyar shiga gidanku. Wadda take neman faɗa ba haka take yi ba. In ta fara ɗaga murya a ɗakin, ki ce mata likita ake bukata, kuma ki nemi Fasto ko nas ɗin su kasance a wurin.

Dangwalen kuma, gaskiyar gwaggonki ce. A waje ake goga saiwa, a juya wa iska baya, a jira minti uku kafin ruwan kal, don da zarar ya shiga yajin ya tsaya inda yake. Amma ki ajiye shi haka bana. Tebur ba zai mutu don babu shi ba. Duk ranar da kika sake yi don kina so, ki manna sabon salatif ki rubuta naki sunan.

Ranar Lahadi, in ta miƙo miki kwanon, kada ki karɓa. Ki ce mata mai shi tana ciki.

Allah ya ba mahaifiyarki lafiya, ya ji ƙan mahaifinki, ke kuma ya ba ki barci mai daɗi. Ki sake rubuto mini, ina son in ji.

Anti Maxine