Wa Ya Fitar da Bidiyon da Ke Cikin Wayata?

Zuwa ga Alhaji, shugaban ƙungiyar masu gyaran waya ta unguwarmu.

Assalamu alaikum. Ina gaisuwa, da fatan iyali suna lafiya.

Ni ce Ramatu, mai sayar da salati da tumatir a Gamkalley, wadda ta zo wurinka har sau uku. Tunda a ɗaki ban samu amsa ba, na kawo maganar fili.

Na farko. Sati biyar da suka wuce gilashin wayata ya fashe, na kai wa wani ɗan ƙungiyarku. Ya ce sai na ba shi lambar buɗewa don ya gwada, na ba shi. Wayar ta kwana biyu a shagonsa. Ba a yi sati ba, bidiyona ya fara yawo a wayoyin mutane: ina rawa ba ɗankwali ranar sunan jikar yayata, cikin ɗaki, mata zalla. An ɗora masa rubutun batsa, wai maza nake nema. 'Yata ce ta ɗauka da wayata, kuma ban taɓa tura wa kowa ba.

Na biyu. Ranar da na fara zuwa, tun ban nuna maka komai ba, ka ambaci jar atamfar da na ɗaura a bidiyon. A ina ka gani, Alhaji? Wa ya turo maka?

Na uku. Ka ce mai gyaran ya tafi ƙauyensu. Shekaranjiya na gan shi yana shan shayi a ƙofar shagonka. Ka nemi in bar maka wayar ka bincika, ka kuma hana ni zuwa komisariya wurin 'yan sanda, wai kada asirina ya tonu. Asirin wa ake rufewa?

Mijina direba ne, a tasha abokan aikinsa suka nuna masa. Har yau bai ci abincin da na dafa ba. 'Yata ta daina zuwa lakwal, ta bar karatu, tana ganin laifinta ne. Maza na tsayawa gaban kayana, ba saye ba, sai kallo.

Ina roƙon ka kira mutumin nan ya faɗi gaskiya a gabana da mijina. Ku kuma hana mutanenku karɓar lambar buɗe wayar mata.

Ranar Litinin zan je komisariya, kuma ba ni kaɗai ba. Mata biyu sun zo har gida sun same ni, su ma a shagon mutumin nan aka gyara musu waya.

Allah ya ƙara girma, ya tsare 'ya'yanka mata daga irin abin da na gani.

Wassalam.
Ramatu, Gamkalley.